Iyakar gonar Inna Hajo

Ina kan sallaya da safen nan waya ta shigo daga Illela: Inna Hajo ta rasu. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Har yanzu ban iya karyawa ba.

Ba uwata ba ce, ba mu haɗa dangi ba. Hasali ma gonarta na je ƙwacewa.

Lokacin ina sabon ma'aikacin awon filaye, ina ji da kaina. Aka turo ni da fayil, wai gonar da ke jikin dutsen iyaka, can gaba da Kalmalo, ta gwamnati ce tun zamanin Turawa, za a yi wurin ajiye motoci. Na fara jan igiyar awo ke nan sai ga wata 'yar tsohuwa ta taka min ita da ƙafa.

"Kai mai igiya, mi kaz zo yi gonar ubana?"

Na nuna mata takarda. Ko kallonta ba ta yi ba. Ta zaunar da ni a gindin gawo, ta dama min fura, ta ba ni labari.

Farkon zuwan Turawa, lokacin da Ingila da Faransa ke raba ƙasa tsakaninsu, wani Bature ya iske mahaifinta, Nomau, yana noma. Tafinta ya tambaye shi, "Ina iyaka?" Bawan Allah shi bai san wata iyaka ba sai ta gonarsa. Ya nuna musu layin gamba da kakansa ya shuka. Su kuwa suka kafa dutsensu a nan, suka wuce.

Da damina ta zagayo sai hukuma ta aiko: duk abin da ke jikin dutsen nan ya zama na Gwamna, ya tashi. Gonar nan ita ce cin gidansa gaba ɗaya.

Nomau ya taka da ƙafa har bariki. Inna ta miƙe tsaye don ta faɗa min abin da ya ce:

"Ni nan nuna muku iyaka. In tawa ƙarya ta, taku ma ƙarya ta. Ku tumɓuke dutsinku."

Ba su tumɓuke ba. Shi ma bai tashi ba. Sai dai ba wanda ya gyara takardar, shi ya sa ta biyo 'yarsa a hannuna.

Na koma ofis na tono tsohuwar taswira. Layin ƙasa yana tafe a miƙe, da ya zo wurin sai ya ɗan lanƙwasa, daidai yadda gambar ta lanƙwasa. Na rubuta rahoto. Maigidana ya ce tsohuwa ta saye ni da fura. An yi ta kai da komo, ana kiranta ana ɗagewa, ba ta taɓa fashin zuwa ba, ba ta kuma taɓa ɗaga wa kowa murya ba. A ƙarshe aka nemi wani wuri.

Duk aikin da na yi a rayuwata, ba wanda nake alfahari da shi kamar wannan, kuma ita ta yi shi, ni igiya kawai na riƙe.

Tun daga nan duk kaka sai damin gero ya iso gidana. In na ce ya yi yawa, ta ce, "Ba kai nab ba ba, ɗiyanka nab ba."

Ganinmu na ƙarshe bayan ƙaramar Sallah ne. Ido ya tafi, amma tana jin muryata ta yi dariya.

"Mai igiya, ka dawo awo?"

Na ce gaisuwa na zo. Ta kama hannuna. "Ka hwaɗa ma jikokina, kada su bari gamba ta mutu."

Na faɗa musu, Inna. Zan kuma faɗa musu yau.

Bayan azahar za a kai ta. Matar da ba ta yarda an rage mata taku ɗaya ba, yau tsawon jikinta kawai za a auna mata.

Ya Allah, Ka gafarta wa Hajo 'yar Nomau. Ka buɗa mata kabarinta, faɗin da igiyata ba za ta iya aunawa ba.

Duk wanda ya karanta, don Allah ya sa ta a addu'a.