Sawunshi Cikin Ɗan Roba

Ni aikina gyaran waya ne, a wata rumfa kusa da tashar Dakoro. Lakwal, makarantar boko ke nan, tun a koleji na bar ta, ko in ce ita ta bar ni, don malamin lissafi ya rantse ko ni ko shi. Faransancin da na tsira da shi bai cika cokali ba, amma ya isa in karanta abin da waya ke kuka da shi, in kuma tsorata mai ita. Wayar da ta faɗa rijiya, wadda akuya ta tauna, wadda ta dahu cikin kunu, duk sun biyo ta hannuna. Amma ba abin da ya taɓa tada mani tsigar jiki sai wani ɗan mutum-mutumin roba da bai fi yatsana tsawo ba.

Na abokina ne. Tare muka tashi, shi ɗan kokawa, ni ɗan baki. Ya tafi Aljeriya aikin gini, ya dawo da bargo, da tari, da kwali guda da maigidanshi na can ya ba shi don yaran gidan sun girma. Cikin kwalin akwai na'urar wasa da ake haɗawa da tele, da manet biyu, abin da ake riƙewa ana dannawa ke nan, sai ɗan robar: jikin mutum, kan bijimi, ƙaho ɗaya ya karye.

Ƙarƙashin ƙafafunshi akwai ɗan faifai kamar murfin gwangwanin tumatir, cikin faifan akwai pus, ƴar ƙwaƙwalwa irin ta cikin waya. In ka aza shi bisa manet sai ka gan shi ya fito a tele, shina huci, shina jiran faɗa. Abin mamakin shi ne koyo gare shi. Duk wanda ya daɗe shina faɗa da shi, sai ya ɗauki hannunshi. In an gama wasa a sake aza shi, na'ura ta rubuta mashi abin da ya koya a ciki. Wani layi ke tafiya a tele har ya cika. Ba a ɗaga shi sai layin ya cika. Dokar ke nan, ita kaɗai.

Fiye da shekara abokina na horon abin nan kamar ragon layya. Har ya ɗauke kokawarshi tsaf: ja da baya taku biyu, duƙawa kamar mai neman abu a ƙasa, sai ka ji an kwashe maka ƙafafu. In ya kada ka kuma ya tsaya kanka ya tsuguna sau uku. Wannan iskancin ma daga wurin ubangidanshi ya koya.

Wata rana da damina, bayan azahar, muna ɗakinshi, ɗan robar ya kada ni sau biyar a jere. Abokina na dariya har da tari. Sai aka kira shi, an samu fasinja zuwa Korahane, don lokacin kabu-kabu yake yi da moto, babur ke nan. Ya aza bijimin bisa manet, layi ya fara tafiya. Ya kai rabi. Ni kuwa haushi da tsokana suka haɗu mani, na kai hannu na fizge shi na jefa aljihu.

Tele ta yi wani ɗan ƙara, ƙit.

"Kai, ɗan banza! Ka kashe mani shi!"

"Haba, sarkin kokawar tele. Bijimi ba ya mutuwa tsakar damina."

Ya murɗe mani hannu ya karɓe abinshi, ya ajiye bisa taga. "In na dawo ka gyara shi, ko ni in gyara ka."

A hanyar dawowa ruwa ya sauko, korama ta kawo, ta tafi da shi da moto. Sai washegari aka ga gawarshi.

Ban gaya wa kowa zancen fizgewar ba. Ni da ban iya riƙe magana, wannan na riƙe ta.

Bayan sadakar arba'in aka raba kayanshi. Na'urar da tele suka faɗa hannun taubashinshi na ƙauyen Ajekoriya. Ɗan robar ba wanda ya so shi. Wata gwaggo ta ce gunki ne, a jefa salga. Sai mahaifin marigayin ya duƙa ya ɗauka ya sa aljihu.

Tsohon nan makiyayi ne. In tunkiya ta ɓace, ƙasa yake dubawa ya gaya maka inda ta bi, da ko gudu take ko kiwo. Tun da aka kawo wasan nan gidanshi bai taɓa juyowa ya kalle shi ba. Sunan da ya sa mashi shi ne aikin marasa tumaki.

Da kaka, wata hantsi, ina cikin zolayar wata mai fura da ta kawo waya ba batir, sai inuwa ta rufe mani tebur. Tsohon ne. Ya kwance bakin rawaninshi, ya fiddo bijimin ya tsayar gabana. Ƙura ta shiga idanun abin, sai ya zama kamar shina kallona a kaikaice.

"An ce mani hannunshi na cikin abin nan."

"Baba, ai roba ce."

"Na san roba, da takalminta nake kiwo. Tambayarka na yi. Gaskiya ne ko ƙarya?"

"Gaskiya ne. Amma ya ɓaci."

"Kai ba mai gyara ba ne? Ko allon nan na bakin rumfarka ado ne?"

Na kara shi bayan wayata, wadda ke jin irin wannan pus. Da rai, amma abin da ke ciki ya hargitse. Na kwana biyu ina kallon bidiyon masu gyara, ina mai da shi baya, don Faransancinsu gudu yake kamar an biyo shi. Abin da na gane shi ne hanya biyu ce. Ko a goge komi, ya koma sabo, bai san kowa ba. Ko a mai da mashi abin da ya sani daga kwafin da na'ura ke ɓoyewa. Kuma ba kowace na'ura ba, sai wadda ta rubuta mashi na ƙarshe. In ita ma an goge ta, shi ke nan, hannun abokina ya bi shi.

Na kira taubashin.

"Kai, magajin tele, na'urar nan tana nan ko ka musanya ta da jaki?"

"Zo ka ɗauke tsiyarku," in ji shi. "Sau ɗaya na kunna ta, ta rubuto mani sunan marigayin tana gaishe shi. Na tura ta cikin buhu na jefa rumbu. Dā ma ran kasuwa nake son kaiwa a wanke ta, a goge komi."

"Kar ka taɓa ta! Ko ɓera ya zo kusa ka ce mashi ya jira ni."

Washegari na ari moto. Tsohon, wanda tun rasuwar bai ƙara yarda ya hau moto ba, ya hau bayana ya riƙe mani riga da hannu biyu. Gonaki duk an yanke gero, kara a tsaye. Da muka ratsa wata busasshiyar korama, na ji ya ƙara damƙe rigar.

Taubashin ya fiddo buhun daga rumbu da sanda, kamar mai fidda maciji. Na busa ƙaiƙayi daga ramukan na'urar, na duba wayar wuta, ɓera ya ɗan ɗanɗana amma bai cinye ba. Muka ja batirin pano, mai cin hasken rana, zuwa zaure. Rana tsaka ce, amma zauren duhu gare shi, da sanyi irin na randa. Ko kajin gidan sun yi tsit.

Na kunna. Sunanshi ya fito, da gaisuwa. Taubashin ya matsa bakin ƙofa.

"Ina za ka, jarumi? Tele ce, ba ta cizo."

"Iska nake sha."

Na aza bijimin bisa manet. Ƙit, ƙaran nan na ranar. Rubutu ya fito: abin da ke ciki ya lalace. Ƙarƙashi zaɓi biyu, gogewa ko maidowa. Na karanta sau uku, ina bin baƙaƙen da yatsa kamar ɗan aji ɗaya. Kwafin na nan.

Tsohon na zamne bisa tabarma, sandarshi kan cinya. Ya ce, "Mi ya ɓata shi tun farko?"

Ƙarya goma ta zo mani baki a lokaci guda. Wuta ce ta ɗauke, zafi ne, tsufa ne. Duk da su nake cin abinci a tasha. Amma abin na tsaye bisa hannuna da ƙahonshi ɗaya.

"Ni ne, Baba. Ana cikin rubuta mashi na fizge. Tsokana ce. Ranar da ya tafi Korahane."

Ya ɗago ya dube ni.

"Da fushi ya fita?"

"Da zagi dai. Ya ce in ya dawo in gyara, ko shi ya gyara ni."

"To ai ka ji. Gyara."

Na danna maidowa. Layi ya fara tafiya. Ya kai rabi, daidai inda na tsinke shi ranar, sai ya tsaya.

Wallahi ya tsaya. Na san na'ura kan yi haka, na ga waya ta yi sau ɗari. Amma hannuna ya kama rawa, bijimin na karkarwa bisa manet, kuma in ya goce a wannan karon ban san ko akwai na uku ba. Sai na ji tafin tsohon bisa nawa, busasshe, mai nauyi. Ya danne hannuna da abin gaba ɗaya, kamar yadda ake riƙe ɗan rago za a yi mashi shaida. Muka zamna haka. Ina jin numfashinshi, ina jin nawa, kuma na rantse kamar akwai na uku, amma ƙila taubashin ne daga ƙofa.

Layin ya motsa. Ya cika.

"Yanzu fa?" in ji tsohon.

"Yanzu sai wani ya yi faɗa da shi."

"Ai kai ne ya yi wa alkawari."

Na ɗauki manet. Bijimin ya fito a tele shina huci. Tsohon bai kalli ƙaho ba, bai kalli hannu ba, ƙafafun kawai ya sa wa ido, yadda yake duba ƙasa bakin rijiya. Na kai naushi. Abin ya ja da baya.

"Ɗaya," in ji tsohon a hankali. "Biyu. Zai duƙa."

Ya duƙa.

"Tsare ƙafarka, yaro."

Kafin ya rufe baki an kwashe ni. Mutumina na tele ya faɗi, ni ma na ji kamar bayana ya bugi ƙasa. Bijimin ya tako ya tsaya kaina. Ya tsuguna sau ɗaya, sau biyu, sau uku.

Taubashin ya fice shina salati, har ya bar takalmi ɗaya. Tsohon ya yi wata ƴar dariya, sai ya ja rawani ya rufe baki, ya daɗe bai sauke ba.

"Sawunshi ne," ya ce. "Da hagu yake fara ja. Tun shina rarrafe haka yake."

Na'ura ta tambaya ko a rubuta abin da ya koya yau. Na ce, "Baba, ka ji wata. Abin nan bai daina koyo ba. In muka rubuta, yau ya ɗauki kaɗan daga hannuna. Gobe ya ƙara. Wata rana ka zo ka tarar da ni a ciki, ba shi ba."

"Kamar sawu a bakin rijiya. Garke ya bi ta kai."

"Haka."

"To kar ka rubuta. Kai ɗaya ma ka ishi gari, balle biyu."

Na ce wa na'ura a'a. Ya naɗe bijimin cikin rawani. Taubashin ya ɗaure mana na'urar bayan moto da igiya uku, ya ce in mun sake kawo ta ƙauyen sai ya haɗa mu da mai gari.

Tun daga nan tana rumfata, cikin kwalinta, ƙarƙashin tebur. Bijimin kuwa wurin tsohon yake kwana. Wani lokaci in ya shigo gari ya sai da tunkiya, sai ya biyo, ya kwance rawani, in sauke labule, in sha kaye, shi kuma shina ƙirga taku. Ba mu taɓa rubutawa ba. Don haka kullum abin da ke ciki ɗaya ne, ba ya ƙaruwa, ba ya raguwa. Ni na gyara shi, na sani.

Zuwan da ya yi na baya-bayan nan, an kwashe ni kamar kullum. Bijimin ya tako ya tsaya kaina. Na jira tsugunon. Bai yi ba. Ya tsaya ƙiƙam, fuskarshi wajenmu, har lokacin wasan ya ƙare.

Na ce, "Batir ne, Baba, ya yi sanyi. Ko manet ɗin ce ta sha ƙura."

Tsohon ya karɓi abinshi, ya share mashi ido da babban yatsa, ya fara naɗewa.

"Ba batir ba ne," ya ce. "Hucewa ya yi."