Ƙulli Huɗu, Ruwan Ɗorawa

A gidanmu duk abin da ya kama gashi ribom ne. Mai roba, mai tattara, mai ƙwallo biyu da ake ɗaura wa yara, mai haƙora da ake dannawa ya wage baki, har ɗan dogon ƙyallen nan mai santsi, duk sunansu ɗaya a bakin Inna da matan unguwarmu ta bakin ruwa a Yelwa. Ina aji biyu na sakandare malamar Turanci ta gaya mana cewa a wurin masu kalmar, siririn ƙyallen nan kaɗai ake kira haka, wanda ake ɗaure kyauta da shi, ko a gitta a ƙofar sabon gini babban mutum ya zo ya yanke da almakashi. Sauran kowanne da nasa sunan. Na dawo gida da rawar kai zan gyara wa Inna magana. Ta bar ni na gama tsaf, tsinken kitso a bakinta, sannan ta zare shi ta ce, "To ki ce ma Baturen shi zo shi kitsa ma ɗiyanga. In dai ya kama gashi, ribom na." Matan da ke jiran layi suka sa dariya. Ban ƙara kai mata Turanci kan tabarma ba.

Inna mai kitso ce tun kafin a haife ni. Tabarmarta na ƙarƙashin bishiyar mangwaron tsakar gida, gefenta kwalbar man kitso da wata tsohuwar kwalla cike da ribom. Ranar kasuwa matan gungu, mazauna tsibiran kogi, kan sauko daga jirgi, su sayar da bandar kifinsu, su biyo ta gidanmu da kawunan 'ya'yansu. Matan Fulani ma kan sauke ƙwaryar nono su zauna a taɓa musu. In ta gama kitso sai ta dubi zanen yarinya, ta sa hannu a kwalla ta zaro ribom da ya dace da shi. Wannan zaɓen shi ya fi daɗi a wurinta, kuma da shi ta yi wa sauran masu kitso zarra.

Na gama makarantar koyon aikin jinya a shekarar da idonta ya fara ja da baya. Ni na fara lura. Ta daina gaishe da mutum sai ya yi magana. Tana zuba shayi tana sa ɗan yatsa a bakin kofi. Da ƙyar da jiɓin goshi na kai ta asibiti, likita ya ce hawan jinin ido ne, an makara, abin da ya tafi ba zai dawo ba, sai dai a yi ta ɗiga magani don a riƙe ɗan abin da ya rage. Muna fitowa, tun kafin mu tsayar da ɗan kabu-kabu, ta riƙe min gyale ta ce, "Idona lahiya lau. Kin ji abin da nac ce?" Na ce na ji.

Kitson bai taɓu ba, domin dama hannunta ke yi. Tsagarta na nan a miƙe kamar an sa zare. Launi ne ya gudu ya bar ta.

Ana jibi ƙaramar Sallah matar mai injin niƙa ta kawo 'yarta, ta ce a sa mata kore saboda kayan Sallarta. Ina ɗaki ina guga na ji yara sun fashe da dariya. Na leƙo na ga yarinya da kore a dama, ja a hagu, Inna kuma tana shafa mata kai tana cewa ta yi kyau. Matar nan ba ta yi wata-wata ba ta fizge ribom ɗin, ta ce a gaban kowa, "Haba Inna, in ido ya tahi a haƙura mana. Kada ki maishe muna ɗiya abin kallo." Inna ba ta tanka ba. Ni na tanka, kuma abin da na faɗa ba zai rubutu ba. Na gaji zafin kai daga Inna, sai dai ban gaji iya riƙe baki ba.

Kafin sati biyu labari ya zaga unguwa ya haye ruwa. Layi ya koma mutum biyu, wata rana ba ko ɗaya. Duk da haka kullum da hantsi sai ta shimfiɗa tabarma, ta jera tsinke da mai da kwalla, ta zauna. Ganinta zaune haka da hannu a cinya ya fi min ranar asibiti ciwo.

Na koma zama kusa da ita. In an ce shuɗi sai in zaro in ajiye a saitin hannunta kamar ba da gangan ba. Ta gane, ta kuma tsani abin, amma ta ci gaba da ɗauka. Sai ga takardar aiki ta fito, an tura ni wani ƙaramin asibiti a Wara, in fara bayan babbar Sallah. Goggo, yayar Baba, ta zo daga Shanga ta yanke hukunci. Ta ce a naɗe tabarmar nan, Inna ta bi ta can ta huta, shinkafa ba ta yanke musu, ga jikoki masu yi mata hidima. Na san nufinta alheri ne. Na kuma san in aka raba Inna da kawunan mutane aka ajiye ta a lungun ɗaki, ba za ta shekara ba. Na ce, "Goggo, ki yi min haƙuri, amma Inna ba ta zuwa ko'ina." Ta ce, "Ke da za ki tahi Wara, wa za shi riƙa miƙa mata?" Na dai rantse a raina cewa ba zan bar Yelwa ba sai Inna ta iya zaɓen ribom da hannunta.

Na gwada raba su a gwangwanayen madara, yara suka kifar. Na gwada ledoji, ta ce duk ƙararsu ɗaya. Har turare na shafa wa jajaye, kwana biyu duk kwallar ta ɗauka.

Amsar tana bakin ruwa ashe. Wata safiya na kai wa Baba kunu inda yake gyaran koma, ragarsa ta kamun kifi, a inuwar jirginsa. Baba masunci ne, mutum mara yawan magana. Yana hira da maƙwabcinsa kan yadda ruwa ya ja baya, idonsa na can tsakiyar kogi, hannunsa kuwa na bin igiya. Sai na ga ya tsaya, ya ajiye wata igiyar gefe ya ce ba tasa ba ce. Na ce ta yaya ya sani bai ko duba ba? Ya ce, "Tawa ƙulli ukku ta a baki, ta maƙwabcina biyu. In kaya sunka sarƙe cikin ruwa, hannu ka shari'a." Na ajiye kunun ban ko jira kofi ba.

Na roƙi zaren koma mai kauri, na yanka shi kamu biyu-biyu. Na zazzage kwallar Inna a kan zane na raba launi-launi. Ja ƙulli ɗaya, kore biyu, shuɗi uku, ruwan ɗorawa huɗu, ruwan hoda biyar. Fari na bar shi ba ƙulli, baƙi na ɗaura masa tsohon maɓalli. Kowane launi na zura shi a zarensa kamar yadda ake jera kifi a tsinke. Masu haƙora na maƙala su a ƙarshe. Na kai mata da murna ina jiran a sa min albarka.

Ta shafa zaren, ta ƙirga ƙullin da babban yatsa, ta gane ko mene ne. Fuskarta ta canja. "Wato ke ma kin yanke cewa ni makauniya ta?" Ta yi jifa da su har sai da ɗaya ya faɗa a ruwan wanke-wanke. Ni ma na hau. Na ce an ji ba makauniya ba ce, amma ja da kore ta sa wa 'yar mutane, kuma Goggo na jiran ta da ɗaki a share. Ta ce in fice mata da gani. Na ce ai ba ganina take ba. Kalmar na fita na so in kamo ta da hannu. Ta tashi ta shige ɗaki, ni kuma na tsince zaren ɗaya bayan ɗaya ina kuka, na shanya jiƙaƙƙen, na rataye su duka a ƙusar da ke jikin mangwaro. Na nemi gafara da yamma, ta ce ta yafe.

Ban sauke su ba, ita ma ba ta ce a sauke ba. Kwana shida suna reto a wurin. A na bakwai na dawo daga kasuwa na ga kamar an taɓa su. Na duba. An kwance ƙullina duka an sake wasu, ƙanana masu tauri, tazararsu daidai. An kuma jera kowane zare daga ƙaramin ribom zuwa babba, abin da ban yi tunaninsa ba. Inna na tsintar shinkafa da yatsu, ba ta ɗago ba ta ce, "Ƙullinki kamar na mai jin barci. Wa ya koya miki?" Na ce ba kowa. Ta ce, "Ai ga alama."

Daga ranar muka shiga bita. In mun gama aikin safe sai in zama mai kawo kitso. In ce, "Inna, ruwan hoda mai ƙwallo." Ta miƙa hannu, ta ƙirga, ta zaro. A nan ne ita da ta ce komai ribom ne ta fara raɗa musu suna, domin hannu ba ya aiki da suna ɗaya. Mai haƙora ya zama kada, mai tattara ya zama tumbi, mai ƙwallo biyu tagwaye, ƙananan robobi kuma 'yan tsaki. Na tuna mata malamar Turanci. Ta ce ita nata sunayen sun fi na Bature ma'ana.

Saura masu kawo kitso su dawo, kuma na san ta ƙofar da suka fita. Durƙusa wa wada ba gajiyawa ba ne. Na sa hijabi na tafi gidan mai injin niƙa, na ba matarsa haƙuri kan bakin da na yi mata. Na daure na faɗa har ƙarshe. Na roƙe ta ta kawo yarinyar sau ɗaya tak, in aka kuskure kada ta sake taka gidanmu.

Ta zo ana gobe babbar Sallah, da ƙawayenta biyu, na san kuma kallo suka zo. Inna ta yi wa yarinyar shuku, ta gama, ta tambayi kalar kaya. Matar ta ce shuɗi da fari, a haɗa. Na matsa kusa bisa sabo. Inna ta ji motsina ta ce, "Ke, tahi ki duba tukunya." Ba tukunya a wuta. Na koma bakin madafa na tsaya. Ta miƙa hannu jikin mangwaro ba gaggawa, ta bi zaren farko ta wuce, ta bi na biyu ta wuce, ta tsaya a na uku ta zaro tagwaye. Ta lalubo mara ƙulli ta zaro 'yan tsaki huɗu. Ta ɗaure, ta juya kan yarinyar wajen uwarta. Matar ta duba dama ta duba hagu. Ɗaya daga ƙawayenta ta riga ta kwance ɗankwali tana gyara zama a tabarma.

Abu ɗaya ya rage min. Sabon ribom a gauraye yake zuwa cikin leda, dole sai mai ido ya raba kafin a zura. Ranar da zan tafi na faɗa wa Baba ina tunanin wa zan bar wa aikin. Ya ce, "Zarena na, ko ba nawa ba?" Ya miƙo hannu ya karɓi ledar.

Wata uku na yi a Wara kafin na samu zuwa gida. Na shigo da la'asar na tarar da mata uku a layi, ga Baba can gefe kan turmi, mutumin da a da ko kallon tabarmar kitso ba ya yi, da ledar ribom a cinya. Ya ɗaga wani sama yana hararar sa ya ce min, "Wanga ja na ko ruwan hoda? Sun hi ƙaramin kihi wahalar rabo."

Da layi ya ƙare Inna ta ce in zauna, ta ji kaina ya yi tsiya tun daga sallamata. Na zauna tsakanin ƙafafunta kamar ina 'yar shekara bakwai. Ta tsefe, ta taje, tana faɗan wadda ta yi min kitso a Wara ba ta san tsaga ba. Da ta gama ba ta tambaye ni launi ba. Na ji hannunta ya tafi jikin bishiya, na ji tana ƙirgawa a hankali har huɗu. Ta ɗaure min, ta bar tafin hannunta a kaina.

"Ruwan ɗorawa," ta ce. "Shi nika sa miki kina ƙarama, ya hi kowane karɓarki." Ta sake shafa shi. "Hwaɗa min gaskiya, har yau yana yi miki kyau? Ni ban gani."

Tun ranar asibiti ba ta taɓa faɗar haka ba. Na riƙe hannunta a kaina, na ce yana yi, Inna.