Kogin da Baba Ya Zana da Hagu

A shekarata ta uku a New York aka tura ni jinyar wani dattijo a unguwar Morris Heights da ke yankin Bronx. Mutumin wani ƙaramin tsibiri ne a Karibiyan, ya daɗe yana tuƙa bas kafin ɓarin jikinsa na dama ya shanye. Baba nake ce masa, yadda muke kiran kowane tsoho a zangon Kumasi inda na tashi. Wata biyu ina zuwa, ban ji kalma goma daga bakinsa ba. Abinci ma sai 'yarsa ta bugo waya daga wurin aiki ta lallaɓa shi.

Likita ta ce a samo masa abin yi da hannun hagu. Na ajiye takarda da fensir a gabansa, ko kallo ba su ishe shi ba.

Wata safiya ina haɗa masa karin kumallo, na fasa ƙwai ashe ya lalace. Wari ya cika gidan. Ina buɗe taga ina ba shi haƙuri, sai na ji dariya a bayana.

"Garinmu," ya ce da ƙyar. "Haka garinmu yake wari."

"Haba Baba, wane irin gari ne wannan?"

Ya jawo takardar. Da farko ya zana dutse. Ya ce dutse ne mai aman wuta, amma tun zamanin kakanninsa yake barci, sai hayaƙi. Daga ƙirjin dutsen ya ja layi zuwa ƙasa. Kogi ke nan. A can sama ruwan tafasa yake yi, yana warin farar wuta irin na ruɓaɓɓen ƙwai, ko tsuntsu ba ya sha. In ya gangaro, ƙananan rafuka masu sanyi su shiga cikinsa, har ya zama daidai wanka.

Kullum sai mun ƙara wani abu. Ranar Talata kwazazzabon da kogin ya yanka cikin baƙin dutse, ranar Alhamis gonakin ayaba da koko. Ya ce tokar dutsen ce ta sa ƙasar baƙa wuluk, ko sanda ka kafa sai ta yi ganye. Na ce masa mu ma koko muke nomawa, amma ƙasarmu ja ce. Ya ce namu bai kai nasu ba. Muka yi musu har shayinsa ya huce, ni kuwa ina ta murna a raina, don ranar ya fi minti ashirin yana magana.

Da takarda ta ƙare, na liƙa wata a ƙasanta. Sai da muka haɗa shida kafin kogin ya isa teku, inda yashin bakin ruwa ma baƙi ne.

Ran Asabar 'yarsa ta zo ta tarar da zanen a bango. A Bronx aka haife ta, ba ta taɓa zuwa tsibirin ba. Ta daɗe a tsaye, sannan ta tambaye shi ina gidan da ya tashi yake. Ya ɗaga hannun daman nan da muka fid da rai da shi, a hankali, ya ɗora yatsa kusa da wata gada.

Da bazara suka tafi tsibirin tare. Ni na shirya masa jaka, na jera magungunansa na mako uku.