Dodon da Sai-Gobe Ya Ɗinka

Ɗan kawuna tela ne, kuma tun da aka fara sa zare a allura ba a yi maƙaryaci irinsa ba. Ina da ikon faɗa, taubashina ne, ni 'yar mace shi ɗan namiji. Sai-Gobe ake ce masa. In ka kai masa ɗinkin jariri, sai yaron ya yi gemu zai je ya karɓa da kansa. Shagonsa kuwa kamar aljihun wando, keke ɗaya, benci ɗaya, da buhun ƙyalle a bayan ƙofa.

Tare muka gudu daga makaranta, ni lissafi ya kore ni, shi bulala. Amma Allah ya ba shi baki. Mai kaya zai zo da kumfar baki, ya zaunar da shi ya ja masa labari, mutum ya tafi yana dariya ba riga.

Ya yi aure, ya haifi 'ya mace 'yar mitsitsiya, ya sa mata Maɓalli. A gindin keke ta girma. Ita ya ƙago wa wata ƙasa da ke bayan gajimare, inda rana ba ta faɗuwa sai an haɗiye ta. Mai haɗiyar wani dodo ne, Ci-Kwana, kawunansa sun fi gashin kaina yawa. Kowane kai kwana ɗaya yake ci, in ya ci ya bushe ya faɗi. Na ce masa ai dodon ɗan'uwansa ne, su biyun duk kwanakin mutane suke ci.

Tana aji uku ciwo ya kama ta a jini. Aka kwantar da ita a asibiti, ɗakin yara, gado na kusa da taga. Uwarta na fama da ɗanyen goyo, sai jinya ta faɗo kaina. Yarinya ta ƙi ci, ta ƙi magani, ita dai a kai ta gida.

Sai ga Sai-Gobe da dodo a hammata. Ya ɗinka shi da ƙyallaye, ciki kamar tulu, kawuna reto-reto kowanne da launinsa, idanu na maɓallai. Ya ba ta ƙaramin almakashinsa, suka yi alkawari. Kullum da safe in ta ci ta sha magani, ta yanke kai ɗaya, ranar da kawuna suka ƙare ranar za ta gida. Wannan ne ɗinki na farko da ya gama kafin a tambaya.

Dabara ta ci. Maɓalli ta riƙa haɗiye ƙwaya tana hararar dodo. Sai dai kawuna na raguwa, ita ma tana raguwa. Da suka kusa ƙarewa likita ya ja uban gefe, ina jinsu ta bayan labule. Ya ce sun yi iyakar yinsu, gara a kai ta gida ta huta cikin 'yan'uwanta. Sai-Gobe ya ce a ƙara gwadawa. A wurinsa, fita da ita daga ƙofar nan daidai yake da sallama ta.

Daga ranar ya shiga sata. In barci ya ɗauke ta da rana, sai ya zaro allura daga hularsa ya ɗinka sabon kai. Ta farka ta ƙirga, ya ce ai haka Ci-Kwana yake, yana tofo kamar ciyawa. Na ce masa ya ji tsoron Allah, wannan ba mai kaya ba ce da zai yi ta ce wa gobe. Ya ce in rufe bakina mai kama da buhu.

Aiki ya tsaya, masu kaya suka kwashe yadinsu, buhun ƙyalle ya koma fayau. Rannan ya zo da wani kai shuɗi, ya liƙa. Da ta farka ta juya shi a hannu, ta daɗe tana kallon wani ɗigon tawada a gefen kunnen.

"Baba, wannan rigar makarantata ce."

Ya fara kame-kame irin na tela. Wai ta rame, rigar ta yi mata yawa, dama ragewa zai yi, aljihun kawai ya cire.

"Da ka san zan koma, da ba ka yanka ba," in ji ta.

Ya mayar da allurar cikin hularsa.

Ta miƙa hannu na ba ta almakashi. Ta bi kawunan nan tana yankewa, tana hutawa, tana yankewa, har da shuɗin. Ta tara su a kan zanin gado, ta tura masa gangar jikin dodon.

"Sun ƙare. Ka kai ni."

Ya dube ni kamar zan ara masa wata ƙaryar. Na ce, "Ɗan kawu, tashi ka nemo likita."

Ni na naɗe tabarma da kwanuka, shi ya goya ta. A kan matakala ya ce mini kan kekensa ma ya fi ta nauyi. Ba a ɗaki ta so kwanciya ba, sai a shago, aka shimfiɗa mata a kan benci. Ta ce ya taka keke tana so ta ji ƙararsa. Ba yadi ko ƙyalle a shagon, haka ya zauna yana taka shi ba zare.

Ana jin keken nan daga bakin titi har ranar da ta cika.