Kawuna a Kan Keke Ba Wando

Shekarar da kawuna ya bar tuƙin kamiyo, babbar motar kaya, sai ya sayi tsohon keke a hannun wani mutumin Bengou. Lokacin ina zaune a gidansa a Gaya, ina koyon ɗinki wajen matarsa, wadda nake kira Inna.

Ita ta fara lura. Wata safiya ta ga wandunansa duka a rataye a ɗaki, shi kuwa ya riga ya fita.

"To, da me ya fita?" ta tambaye ni.

Da ya dawo muka zuba masa ido. Jallabiyarsa har idon sawu, amma da ya ɗaga ƙafa zai sauka, sai ga ƙwauri a waje, ba komai sai ɗan kamfai daga ciki.

"Alhaji, lafiya?" in ji Inna.

"Lafiya lau," ya ce, ya shige ɗaki yana murmushi.

Murmushin nan ya fi komai damun ta. Ta ce dattijo ba ya murmushi haka kawai, akwai mace a garin Tanda. Maƙwabcinmu ya ce fasa-ƙwauri ne, an bar wurin wando don a naɗa atamfa a cinya. Abokan hirarsa kuwa suka ce zafin inji ne ya taɓa masa kai.

Rannan Inna ta tsayar mini da mai kabu-kabu, wato babur na haya, ta ce in bi shi daga nesa.

Bai nufi Tanda ba. Hanyar gonakin shinkafa ya bi, ta bakin kogi. Da ya kai gangara sai ya ɗauke ƙafafu daga feda, ya ware su, iska ta cika jallabiyar ta kumbura, yana ta dariya shi kaɗai. Na ce a raina ko dai maganar abokansa ce gaskiya.

Kumburin rigar ne ya ja hankalin wasu ƴan duwan biyu, masu kama kayan fasa-ƙwauri, da ke zaune a ƙarƙashin mangwaro. Suka tare shi.

"Baba, me ke cikin rigar?"

"Ni ne a ciki."

"Ɗaga mu gani."

Ya ɗaga har gwiwa. Suka dubi juna. Rashin samun komai sai ya ƙara musu zargi. Suka lalube sirdi, suka matsa taya, ɗaya ya tsaya yana hangen hanya ko kayan na tafe a baya. Ni suka hango, kawu ma ya gan ni.

"Innarki ce ta aiko ki?"

Na sunkuyar da kai. Ya sallami mai kabu-kabu, muka taho a ƙasa yana tura keken.

"Ƴata, na tsufa a kan kujerar mota," ya ce. "Gumi, ƙuraje, ga masu cewa sauka, buɗe, koma. Yanzu ban da mai gida. Ƙafafuna ma su sha iska."

Na kai wa Inna labari yadda yake. Ta dube ni sama da ƙasa, ta ce, "Ke ma ya saye ki."

Washegari ta ɗinka masa wando mai faɗi na yadi marar nauyi. Ya karɓa ya yi godiya, ya naɗe shi ya ɗaure a bayan keke, wai don in sallah ta riske shi a hanya. Duk da haka, in ya dawo ya tuɓe jallabiyar, sai Inna ta ɗauka ta shinshina wuyanta kafin ta jefa a ruwa.