Idon da Dutse Ya Ci

Tun kafin in haifi autata nake fasa dutse a bayan Nukkai. Dutsen ya ciyar min da yara biyar, ya kuma ci min idon hagu. Tsakuwa ce ta yi tsalle. Daga ranar ban sake yarda a ɗauke ni hoto ba. Ko a bikin 'yata bayan mutane na laɓe.

Wata shekara wata yarinya ta zo mana da kyamara. Ta ce fim take haɗawa a kan matan da wannan aiki ya raunata, gobe za ta fara ɗauka. Washegari matan nan suka fito da ankon biki, har da hoda. Wata ma da takalmi mai tsini, a kan tulin tsakuwa.

Yarinyar ta ce, "Iyayena, wa zai aurar yau?"

"Ba hoto kika ce ba?"

Ta ɗauke su a haka, kowace ta karkace ta yi yanga. Sannan ta ajiye kyamarar ta karɓi guduma. Kwana uku tana fasawa tare da mu, tafin hannunta duk ya yi bororo. Da matan suka gaji da kwalliya suka koma tsummansu, sai ta fara aikinta.

Ni kuwa duk inda ta ɓullo sai in juya mata gefen dama.

"Mama, idon nan nake so mutane su gani."

"Ba na nunawa ba ne."

"To. Ba zan ɗauka a sace ba."

Ba ta ɗauka ba kuwa. Na sa mata ido sosai, da wanda ya rage.

Ana nan sai tsakuwa ta tsaga wa wata sabuwar amarya gira. Ɗan yatsa ɗaya ne tsakanin ciwon da ƙwayar idonta. Ni na danne jinin da bakin zanena. Da aka tafi da ita na kira mai kyamara.

"Ke, zo. Kunna abin naki."

"Kin tabbata, Mama?"

"Kada ki cika ni da surutu."

Na ɗaga fuska na ba ta gefen hagu. Na faɗi yadda abin ya faru. Bai kai minti biyu ba.

Bayan damina yarinyar ta dawo, ta nuna mana fim ɗin a gindin mangwaro. Na ga kaina. Tsohuwa ce mai ido ɗaya, tana magana ba ta kuka. Ban ji kunyarta ba.

Ta zo da kwali cike da tabarau irin na masu walda, wai waɗanda suka kalla ne suka aiko. Matan suka saka suka yi ta dariya, wai sun zama kamar fara mai manyan idanu. Amaryar nan ta cire nata, ta ce yana sa ta gumi.

Na ce, "Dube ni da kyau."

Ta dube ni. Ta mayar da shi fuskarta, ta ɗauki guduma.