Zabirar Yaya

Kwanakin baya wata ɗalibata ta tsare ni bayan an tashi aji. Ta ce lauya take son karantawa a jami'a, in gaya mata littattafan da za ta fara da su kan haƙƙin ɗan Adam da irin azabar da hukumomi kan gana wa mutane. Na ce ta zo gida ta zaɓa, ina da su cike da kwali a ƙarƙashin gado. Ta yi mamaki, don ni lissafi nake koyarwa. Ban gaya mata a ranar ba, amma saboda yayana na tara su.

Wanzami ne, gadon gidanmu ke nan, ni ne na zame na bi boko. Shi ya sa yake kirana malamin alli. A nan Agege aka haife mu, kusa da titin jirgi, kuma duk jaririn da aka haifa a layinmu shi yake yi masa askin suna. Mata kan ce yaro ba ya farkawa a hannunsa. Yana da baƙar zabira ta fata wadda ya gada daga Baba, a ciki yake jera asakensa. In babu suna sai ya rataye ta ya hau danfo, motar haya, zuwa Obalende, ya yini yana yi wa masu gadi da masu shayi aski.

A can aka kama shi, wata rana da la'asar. Wai an yi fashi a wani gida, sai 'yan sanda suka zo da mota suka kwashe duk wanda suka samu a bakin tasha. Wani mai shayi da ya tsira ya ba mu labari. Ya ce da 'yan sandan suka buɗe zabirar suka ga asake sai suka hau ihu, ga makamai. Yaya yana ta cewa, "Oga, na barber I be," wato shi wanzami ne, har aka tura ƙeyarsa cikin mota.

Mun sha yawo daga wannan ofis zuwa wancan, kowa ya ce bai san da shi ba. Sai da damina ta kusa ƙarewa suka sake shi, ba kotu, ba bayani, suka kuma miƙo masa zabirarsa kamar ajiya ya ba su. Ya shigo gida hannuwansa na reto a gefensa. Inna ta ba shi koko, kofin ya suɓuce ya faɗi. A wuyan hannunsa duka biyu akwai baƙin tabo kamar zobe.

Unguwa ta cika gidan. "Barka da arziki." "Sai haƙuri, a bar wa Allah." Na ji kalmar haƙuri a makon nan har ta fita raina, kuma Allah Ya yafe mini, akwai dattijon da na so in kora da tsintsiya. Babu wanda ya tambaye shi me aka yi masa. Ni ma ban tambaya ba, ƙane ba ya titsiye yayansa a kan irin wannan. Inna dai kullum tana shafa masa man zafi, bakinta na motsi da addu'a.

Da na rasa inda zan ji, sai na koma wa abin da na iya. A Oshodi akwai masu baza tsofaffin littattafai a ƙasa, na zama ɗan gida a wajen wani Bayarabe a cikinsu. Yana hango ni zai ce, "Mallam, I keep one for you." Na sayi wanda ke ba da tarihin yadda ƙasashe suka zauna bayan babban yaƙi suka rubuta cewa kada a ƙara azabtar da kowa. Na karanta ina tsaki. Na sayi na waɗanda suka fito daga kurkukun mulkin soja a ƙasashe masu nisa suna faɗa da bakinsu. Wanda ya fi karya ni na wani likita ne, da ya bayyana abin da ke samun jijiyoyi in aka ɗaure mutum ta baya aka rataye shi. A cikin danfo na karanta wurin. Na sauka tun ban kai tashata ba, na tsaya bakin kwata ina kuka kamar yaro, masu babur ɗin okada na kallona.

A lokacin matata na da tsohon ciki, na fari. Yaya ya ce mini, "Malamin alli, in ta sauka, askin suna nawa ne, kada ka kira kowa." Ya samo ƙwarya ya kife, ya koma gwaji a bayanta kamar yadda Baba ya koya masa yana ƙarami. In na wuce ƙofarsa sai in ji askar na ƙwanƙwasar ƙwaryar, ƙas-ƙas-ƙas, maimakon ta zame shiru. 

Wata Asabar ya same ni a tsakar gida da littafi, ya ce wai me nake ta haƙa a ciki. Na yi ta maza na fassara masa labarin wani kafinta da aka tsare aka rataye a wata ƙasa. Ya saurara kansa a ƙasa har na kai ƙarshe.

"To, da suka sake shi, ya koma aikin katakonsa?"

Na juya shafi, na sake juyawa. Labarin ya tsaya ne a ranar da aka buɗe masa ƙofar kurkuku.

"Ba su faɗa ba, Yaya."

"Duba wani."

Na duba. Wasu a bakin kurkuku suke ƙarewa, wasu a kotu.

Aka haifi mace. Ranar suna da safe Yaya ya fito cikin farar riga, zabira a kafaɗa. Bayansa ga wani tsohon wanzami daga Ketu, abokin Baba, wanda ni ban gayyata ba. Aka miƙo jaririyar. Yaya ya jiƙa kanta da ruwan sabulu, ya wasa aska, ya yi bisimilla ya kawo ta kusa da goshinta. Bakin askar na rawa, kowa na gani. Surukata ta dafe ƙirji. Ni kuwa ga 'yata ga yayana.

Ya daɗe a haka. Sannan ya juya askar ya miƙa wa tsohon ta ƙota.

"Karɓi, Baba. Ni zan riƙe maka kan."

Ya tallafe kanta a tafukansa har aka gama, ba ta ko motsa ba. Ya ce, "Kun gani, hannun ya iya jijjiga yaro dai." Shi kaɗai ya yi dariya. Da tsohon zai tafi, Yaya ya rataya masa zabirar a kafaɗa. Tsohon ya ce haba, ta mahaifinku ce fa. Yaya ya ce in ta zauna a ɗaki tsatsa asaken za su yi.

Yanzu gadi yake yi a wani gida a Ikeja, da kafaɗa yake tura ƙofar. Ɗalibar tawa ta zo ta zaɓi abin da za ta iya ɗauka. Na roƙe ta abu ɗaya, in a can jami'a ta ci karo da wanda ya bi mutumin har gida ya faɗi ko ya koma sana'arsa, ta aro mini. Don har yau in Yaya ya gan ni da sabon littafi sai ya nuna shi da haɓa ya ce, "Wannan fa, ya faɗa?"